Nima Kulot Ne: Daga Manila Zuwa Duwatsun Ifugao

Kafin in je Filifin abin da na sani game da mutanen ƙasar bai wuce nas-nas ɗin da na gani a asibiti a Makka ba lokacin da na raka Hajiyarmu Umara, sai kuma fina-finansu na soyayya da matan gidanmu suke kwana a kai. A kaina duk iri ɗaya ne, gajeru, farare, gashi a kwance, murmushi ba ya ƙarewa. Ƙanina ne yake karatun likitanci a Dagupan, shekara uku bai leƙo gida ba saboda kuɗin jirgi, to da harkar kaya ta kai ni Guangzhou sai Alhaji yace tunda ka je bakin rijiya ai sai ka leƙa, ka ƙarasa ka dubo min yaron nan ko karatun yake ko wani abu daban. Maganar biza kar ma in fara, ta ci min rai sosai, amma dai a watan Fabrairu na sauka Manila.

Ranar Alhamis na sauka da daddare, washegari Juma'a yaron yace Yaya shirya mu je Quiapo, Kiyapo ake faɗa. Muka shiga jifni, motar hayarsu kenan, doguwa mai benci biyu ana kallon juna, an mata fenti da zane-zane kamar gingimarin katako ta wajenmu. Kuɗin mota ba kwandasta ke karɓa ba, kai zaka miƙa wa na kusa da kai shi kuma ya miƙa gaba har ya isa hannun direba, canji ma haka zai dawo maka hannu da hannu ba wanda zai taɓa ko sisi. Muna cikin tafiya sai wani yaro ya ɗafe bayan motar, ba takalmi, gashinsa ya yi ja saboda rana, ya ajiye wa kowa ƙaramin ambulan akan gwiwa sannan ya koma bakin ƙofa yana kaɗa wani ɗan ganga da aka haɗa da gwangwani da bututun roba. Mutane duk suka kau da kai. Na tambayi ƙanina yace Badjao ne, mutanen teku daga can kudu wajen Sulu da Tawi-Tawi, iyayensu da kakanninsu a cikin kwale-kwale ake haifarsu a ciki suke tsufa, rikici da 'yan fashin teku da ƙarancin kifi suka koro su birni. Na saka masa 'yan sulalla a ambulan ɗin. Wallahi abin da ya faɗo min a rai almajiran danjar Kano ne, kau da kan ma iri ɗaya.

Masallacin Quiapo ana ce masa masallacin zinare saboda kubbarsa. A 1976 aka gina shi, matar shugaba Marcos wato Imelda ce ta sa aka yi don Gaddafi zai kawo ziyara, ƙarshe Gaddafi bai zo ba masallaci kuma ya zauna. Abin dariya abin godiya. Kana shiga layin sai ka ji kamar ka bar Manila, mata da hijabi, maza da hula, shagunan turare da dabino da darduma, ga warin soya albasa. Huɗubar ban ji komai ba sai ayoyin, amma da aka tada sallah kafaɗa ta haɗu da kafaɗa sai na ji zuciyata ta kwanta. Bayan an idar muka zauna wajen wata mai abinci muka ci pastil, shinkafa ce da dagargajajjen naman kaza a naɗe cikin ganyen ayaba, da wani yaji nasu mai suna palapa wanda ya sa ni zufa har ƙeya. Mijin matar Maranao ne, wata ƙabilar Musulmi ta kudancin ƙasar, da ya ji daga Najeriya muke sai ya jawo kujera ya zauna. Turancinsa kaɗan ne, Larabcinsa ya fi, don ya yi aiki a Jidda, to da guntun Larabcina na Islamiyya muka lallaɓa. Nace masa ashe akwai Musulmi da yawa a cikin 'yan Filifin, sai ya girgiza kai yace shi Moro ne tukunna, wato Musulmin kudancin ƙasar. Sunan ma Sifaniyawa ne suka laƙaba musu, irin sunan da suke kiran Musulmin Arewacin Afirka da shi, da zagi ne yanzu sun mayar da shi abin alfahari. Yace Musulunci ya riga coci zuwa tsibiran nan, masallacin farko a Simunul tun wajen 1380, ita kanta Manila da Sifaniyawa suka ci ta a 1571 sarakunanta Musulmi ne, akwai Raja Sulaiman. Gidansu a Marawi yake bakin tafkin Lanao, kuma a 2017 wata biyar aka yi ana ruwan bama-bamai a garin tsakanin sojoji da 'yan bindigar da suka yi wa ISIS mubaya'a. Ya nuna min hoton gidan a waya, bango biyu ne suka rage. Ban ce masa komai ba sai Allah ya mayar da alheri, don na san irin wannan hoton, na gan shi a wayoyin mutanen Bama da Gwoza.

Daga nan niyyata mu wuce Dagupan in ga makaranta in ga ɗaki in kai wa Alhaji rahoto. Mun je, na gani, yaro karatu yake Alhamdulillahi, ɗakin ne dai kamar an yi yaƙi a ciki. Amma yana da hutun kwana shida sai yace Yaya tunda ka zo bari in nuna maka wasu mutane, idan ka gansu zaka rantse 'yan uwanmu ne. Nace kai dai ka cika surutu.

Ƙarfe biyar na asuba muna wani ƙauye Santa Juliana a yankin Capas na lardin Tarlac, nan ake hawa tsofaffin motocin jif a nufi dutsen Pinatubo. Sai da aka auna wa wasu hawan jini kafin a bar su su tafi. Hanyar ba hanya ba ce, kwari ne mai faɗi cike da toka da yashi, ana ratsa ruwa ana fita, ga ganuwar toka hagu da dama ta fi bene tsawo, fari fat ba ko ciyawa. Wurin ma filin atisayen sojoji ne, wani lokaci rufe shi ake yi gaba ɗaya. Cikina ya juya ya juya har na yi nadamar shayin da na sha. Wajen awa ɗaya muna wannan sukuwa sai direba ya tsaya kusa da wasu bukkoki na gora da ganye, yara suka fito a guje.

Jama'a na tsaya kawai ina kallo. Baƙaƙe ne, baƙi irin nawa, gashi a murɗe irin namu, hanci irin namu, sai dai gajarta, babban mutum da ƙyar ya kawo min kafaɗa. Da a kasuwar wani ƙauye na haɗu da su a gida da Hausa zan musu magana. Su ne Ayta, Sifaniyawa suka kira su Negrito wato ƙananan baƙaƙe, kuma suna cikin mutanen da suka fi kowa daɗewa a tsibiran nan, dubban shekaru kafin kakannin waɗannan masu kwantaccen gashin su iso da jiragen ruwa. Suma fa kallona suke. Yaran suka yi cirko-cirko, sai wata tsohuwa mai tallan ayaba da dankali ta matso tana magana tana nuna kaina. Na cire hular sanyin da na saka. Ta miƙa hannu, sai da na sunkuya, ta shafa gashina ta juya ta ce wa sauran, kulot! Wurin ya kaure da dariya.

Ɗan jagoranmu shima Ayta ne, saurayi da silifas ɗin roba, shi ya min bayani. A wajensu mutane kashi biyu ne, kulot masu murɗaɗɗen gashi, su kenan, da unat masu miƙaƙƙen gashi, wato sauran 'yan ƙasa. Yace tsohuwar cewa take bata taɓa ganin kulot mai tsawo haka ba, me ake ba ku a garinku. Nace ka gaya mata tuwo da miyar kuka. Ƙanina ya riƙe ciki yana dariya yace Yaya ai ka samu dangi, sai mu bar ka anan. Masana dai sun ce ba wata dangantaka ta kusa tsakaninsu da mu 'yan Afirka, kamannin ne kawai, ta jini ma sun fi kusa da maƙwabtansu na Asiya. Amma gaskiya a wannan safiyar ba ruwana da masana.

Tafiyar ƙafa zuwa bakin dutsen ta ɗauke mu lokaci don ni na riƙa tsayawa, shi kuwa mai silifas ko haki ba ya yi, yana tsallake duwatsu yana bani labari. Ba a haife shi ba lokacin da dutsen ya fashe, a bakin mahaifiyarsa ya ji. Ranar 15 ga Yuni 1991 abin ya faru, kuma a duk ƙarnin da ya wuce aman wuta ɗaya ne kawai ya fi shi girma a duniya. Ranar kuma ga guguwa da ruwan sama, tokar ta jiƙe ta zama kamar siminti tana rufta rufin gidaje. Su Ayta a jikin dutsen suke zaune, nan suke farauta da noma, kuma a al'adarsu nan ne mazaunin abin bautarsu Apo Namalyari, to wasu suka ƙi saukowa suka shige kogo, can suka mutu. Waɗanda aka kwaso aka zuba a sansanoni kuma ƙyanda da gudawa suka bi 'ya'yansu, yace yayyensa biyu a tanti suka rasu ba a dutse ba. Amurkawa da suke da babban sansanin jiragen yaƙi a Clark suka tattara suka tafi. Ya ce da kakanninsa ne suke koya wa sojojin Amurka yadda ake rayuwa a daji, yadda ake samun ruwa a jikin itace da kunna wuta da gora, yanzu ga shi jikokin suna ɗaukar wa 'yan yawon buɗe ido jaka.

Na tambaye shi to ƙasar ta waye yanzu. Sai ya yi irin dariyar nan da ba ta daɗi ba. Akwai doka tun 1997 da ta ce ƙasar kakanni ta masu ita ce, har da hukuma da aka kafa da takardar mallaka da ake bayarwa, wasu garuruwan Ayta sun samu. Amma samun takardar sai ka shekara da shekaru kana zarya ofis, kuma a nan Capas ɗin gwamnati ta gina sabon birni, New Clark City, da katon filin wasa da aka yi gasar ƙasashen yankin a 2019, a wurin da wasu Ayta suke cewa gonakinsu ne. Yace unat yana zuwa da takarda, kulot yana nuna kabarin kakansa, wa kake ganin alƙali zai saurara. Sannan muka ƙarasa sama. Tafki ne a cikin ramin da dutsen ya fashe, ruwa kore shar shiru kamar ba shi ya cinye mutane ba. Kowa na ɗaukar hoto. Shi kuwa ya samu inuwa ya zauna ya juya wa tafkin baya yana cin dafaffen dankali.

Washegari muka hau bas zuwa Baguio, Bagiyo suke cewa. Duk wanda yace maka Jos akwai sanyi ka ce masa ya zo nan a Fabrairu. Garin yana sama wajen mita 1,500, itatuwan pine ko ina, gidaje a manne a jikin tsauni kamar an watsa su, ga cunkoso don lokacin bikin furanni ne da suke kira Panagbenga. Amurkawa ne suka gina shi don su riƙa gudun zafin Manila, irin dai yadda Turawanmu suka so Jos. Anan wani abokin karatun ƙanina ya tarbe mu, ɗan ƙabilar Kankanaey, shi ya zama idonmu har ƙarshen tafiyar. Yana ce min kuya, wato yaya, direbobi da dattawa kuma manong ake ce musu, don a arewacin nan yaren Ilokano ne na kasuwa ba Tagalog na su Manila ba.

Mutanen duwatsun nan gaba ɗaya ana kiransu Igorot, amma a ciki akwai Ibaloi da Kankanaey da Bontoc da Ifugao da Kalinga da Isneg da wasu, kowa da yarensa. Sifaniya ta mulki ƙasar sama da shekara 300 amma bata taɓa murƙushe su yadda ta so ba, duk da zinaren da ke duwatsun da take kwaɗayi. To waɗanda aka ci da yaƙi a ƙasa suka karɓi coci da sunayen Sifaniyawa, sai suka dawo suna raina waɗanda ba a ci ba. Yaron yace da ya fara zuwa makaranta a ƙasa wata 'yar ajinsu ta tambaye shi da gaske ba wasa ba, wai da gaske ne kuna da wutsiya. Na yi dariya amma dariyar ta maƙale, don na tuna irin maganganun da na ji a bakin manya tun ina yaro akan mutanen kan dutse na wajenmu, da sunan da muke kiransu da shi. Ban faɗa masa ba. A 1904 ma Amurkawa sun kwashi Igorot zuwa baje kolin duniya a St. Louis suka ajiye su ana biyan kuɗi ana kallonsu, ana sa su yanka kare su ci a gaban jama'a.

Ya kai mu Camp John Hay, wuri mai kyau da filin golf da otal, yace duk nan makiyayar shanun wani attajirin Ibaloi ce, Mateo Cariño. Amurkawa suka ƙwace suka yi barikin soja, mutumin ya kai ƙara har kotun ƙolin Amurka, kuma a 1909 kotu ta ce ƙasar da mutum ya gada tun kafin zuwan Turawa tasa ce ko ba takarda. Ya ci shari'a, sai dai ya rasu kafin a yanke hukuncin. Filin golf ɗin yana nan. Abin da ya fi tsaya min a rai a Baguio shi ne tsofaffin mata a ƙofar lambun shaƙatawa, sanye da kayan gargajiya ja da baƙi, suna zaune a jere suna jiran wanda zai ɗauki hoto da su ya basu 'yan canji. Sa'o'in kakata. Ƙanina yace mu ɗauka nace a'a. Masallaci kuwa bamu sha wahala ba, Maranao sun cika kasuwa suna sayar da waya da agogo da kayan sawa, duk garin da ka je a ƙasar nan zaka same su, su ne Hausawan Filifin wajen fatauci.

Hanyar Halsema daga Baguio zuwa Bontoc, hmm. Wajen awa shida kana kewaya tsauni, gefe ɗaya dutse gefe ɗaya rami da ba ka ganin ƙarshensa sai gajimare a ƙasanka, wani wurin ya haura mita 2,200. Duk addu'ar da na sani na karanta, har wadda ba ta tafiya ba. Manong direba kuwa waƙoƙin kaboyin Amurka ya saka yana bi, mutanen duwatsun nan suna mutuwar son su, har da hula da takalmin kaboyi. Gonakin kabeji da karas da dankalin Turawa ne a jikin tsaunin har sama, kayan lambun da Manila ke ci daga nan yawanci yake sauka. Sagada mun tsaya 'yan awoyi, mun ga akwatunan gawa da aka rataye a jikin dutse, na yi a'uziyya na ce mu tafi.

A Bontoc yaron ya nuna min kogin Chico yana gudu a ƙasan gada. Yace da an bar Marcos da yanzu ƙauyuka da gonaki da kaburbura da yawa na Bontoc da Kalinga suna ƙarƙashin ruwa, don madatsun ruwa huɗu aka shirya yi da kuɗin Bankin Duniya. Ƙabilun da suka saba fille wa juna kai suka haɗu ta hanyar yarjejeniyar zaman lafiyarsu ta gargajiya, bodong, suka ce ba za a yi ba. Jagoransu wani dattijo ne manomi, Macli-ing Dulag, an kai masa ambulan ya ƙi karɓa, to ranar 24 ga Afrilu 1980 sojoji suka je gidansa a Bugnay da daddare suka buɗe wa ƙofar wuta. Mutuwarsa ce ta kashe aikin, har yau kuma duk shekara ana tunawa da ranar. Yadda yaron yake faɗin sunan, da shi da na abokinmu mai silifas da yake maganar takarda, muryar ba ɗaya ba ce. Waɗannan sun taɓa yin nasara kuma sun san sun yi.

Da yamma muka shiga Banaue a ƙasar Ifugao. Abu na farko da na lura da shi jan tofi a ƙasa ko ina, da alluna an rubuta an hana tofar da moma. Moma shi ne goronsu, ƙwallon wani itace ne da ganye da farar ƙasa, a naɗe a jefa a baki, haƙora su yi ja jawur. Ina da sauran goro biyu a jaka da na taho da su tun daga gida a naɗe a jiƙaƙƙen tsumma, sai na fasa ɗaya na ba wani dattijo a tasha. Ya tauna ya tauna ya yamutsa fuska yace wannan ai ba ya komai. Ya bani nasa. Minti biyu kaina ya fara juyawa, kunnuwana suka yi zafi, na nemi dakali na zauna, duk tashar ana min dariya. Ban sake ba.

Batad ba mota ke shiga ba. Ana sauke ka inda kwalta ta ƙare sai ka gangara da ƙafa, kuma da ka zagayo wata kwana sai abin ya buɗe a gabanka gaba ɗaya. Tsauni ne guda an sassaƙa shi hawa-hawa tun daga ƙasan kwari har kusa da sama, kamar kwarya da aka yi wa matakala, kowane hawa an daɓe shi da ganuwar dutse, wata ta fi mutum biyu tsawo, ba siminti ba komai. Lokacin dashe ne, fadamun cike da ruwa suna ɗaukar ido, mata a sunkuye suna dasa shinkafa, ƙauyen kuma can a tsakiya ɗan mitsitsi. Ni ɗan manomi ne ta wajen uwa, na san wahalar noman shinkafa a Kura da Kadawa inda ƙasa take a shimfiɗe ga ruwan Tiga yana zuwa da kansa. To nan da hannu aka ɗauko kowane dutse daga kogi. Ruwan kuma daga dajin da ke saman tsaunin yake fitowa, suna kiransa muyong, kowane gida da nasa kuma ba a sare shi barkatai, sai a bi da ruwan ta ƙananan magudanai da gora, ya cika gonar sama ya zubo ta ƙasa har ya kai ta ƙarshe. Wanda ke sama idan ya yi son kai na ƙasa ya mutu, shi ya sa maganar ruwa a wajensu ba wasa ba ce. A takardun 'yan yawon buɗe ido ana cewa shekara 2,000 ke gare su, amma masu tonon tarihi na baya-bayan nan sun ce basu fi wajen shekara 400 ba, wai mutane ne da suka hau dutse don guje wa Sifaniyawa suka faɗaɗa su. Ni wannan ɗin ma ya fi burge ni. UNESCO ta saka su cikin kayan tarihin duniya a 1995.

A gidan wata tsohuwa muka kwana biyu. Bayanta ya tanƙware har ba ta iya kallon sama sai ta karkata, shekarun dashe ne suka mayar da ita haka. Don karramawa ɗanta yace za a mana pinikpikan, ƙanina ya yi wuf yace a'a mun gode, ya raɗa min cewa kazar dukanta ake da sanda har jini ya kwanta a naman kafin a babbake ta. Muka roƙa a bamu kazar da ranta, na fuskanci alƙibla na yanka da kaina, suka kewaye ni suna kallo kamar yadda nake kallonsu. Aka dafa da citta a tukunyar da muka wanke da kanmu don mutanen nan da alade kamar Bahaushe da tuwo ne. Shinkafar ita ce abin magana, tinawon, sau ɗaya ake nomanta a shekara, a turmi ake sussuka ta kamar yadda ake yi a ƙauyenmu, ƙamshinta tun daga tsakar gida. Tsohuwar tace abin da suke girbewa ba ya kai su shekara, sai sun sayi ta kanti sun cika. A rumbun akwai wasu gumaka biyu na itace a zaune sun rungume gwiwa, bulul, masu gadin shinkafa, ga kuma hoton Yesu a bango. Da zan yi sallar isha na fita waje na shimfiɗa darduma a kan ganuwar gona, sanyi na ratsa ni, ba abin da kake ji sai ruwa yana zuba daga hawa zuwa hawa cikin duhu.

'Ya'yanta shida ne, ɗaya ne kawai ya rage a ƙauyen, shima jagoran baƙi yake yi ya fi noman kawo kuɗi. Ɗaya tana aikin gida a Hong Kong, ɗaya yana Baguio, ɗaya yana ma'adinai. Da safe ɗan ya nuna min gonaki a can gefe da ciyawa ta cinye, ganuwar ta zube ba mai gyarawa, ga wasu manyan tsutsotsi da suke huda ƙasa ruwa ya tsiyaye. Yace baƙi suna zuwa daga Faransa da Koriya su ce don Allah kar ku bari wannan abu ya lalace, to waye zai zauna ya tanƙware kamar inna don wani ya samu hoto. Ban da amsa. Nima da na ce abin tausayi ne, ai ban zauna a gonar kakana ba, ina Kantin Kwari.

Saukar da muka yi zuwa magangarar ruwan Tappiya da hawowa kar a tambaye ni. Na zauna a matakala sau ba adadi ina kiran sunan Allah, wata yarinya da bata fi shekara 10 ba ta wuce ni da buhun shinkafa a ka ta ce min hello. Malam likita yace Yaya gobe zan rubuta maka magani, nace rubuta wa kanka, zan gaya wa Alhaji yadda na samu ɗakinka.

Ranar komawa kafin motar dare ta Manila ta tashi muka hau wajen da ake tsayawa a hango gonakin Banaue daga sama. Akwai wani tsoho a zaune akan benci, da bante saƙaƙƙe ja da hula mai gashin tsuntsu da mashi a hannu, yana tauna moma, yana jiran masu hoto. A Baguio na ƙi, anan kuma shi ya kira ni da hannu, ya matsa ya bani wuri, ya kama hannuna ya kara da nasa yana gwada kalar fatar yana dariya da jajayen haƙora. Ƙanina ya ɗauka. Na laluba aljihu na ciro takardar peso 20, irin mai ruwan lemo ɗin nan da ake ta maye gurbinta da sulalla, zan miƙa masa sai ya juya bayanta ya nuna min da farce. Hoton gonakin ne a jikin kuɗin. Ya nuna takardar, ya nuna tsaunin da ke gabanmu, ya nuna ƙirjinsa. Sannan ya ninke ta biyu ya soke a ƙugu, ya juya yana kiran wasu 'yan Koriya da suka sauko daga mota.